Bawul ɗin tururin fetur: aikinsa, alamomin lalacewarsa da yadda ake sauya shi

Bawul ɗin tururin fetur wata 'yar na'ura ce ta baƙar roba mai ƙarfi, tsawonta bai wuce tafin hannu ba, mai bakin tiyo biyu da soket ɗin waya guda. Tana zaune a kan hanyar da tururin fetur ke bi daga tanki zuwa injin, kuma aikinta ɗaya ne: ta buɗe wannan hanya ko ta rufe ta, bisa umarnin kwamfutar mota. A shagunan kayan mota na Yamai, Njamena, Garwa ko Kwatano, sunanta na Faransanci ne zai sa mai shago ya gane abin da ake nema, wato électrovanne de purge canister. A Kumasi da Accra kuwa purge valve ake ce mata. Kamfanin Volkswagen yana kiran tasa N80, Toyota kuma tana saka ta cikin bawul ɗin da take kira VSV. Motocin fetur masu kwamfuta ne ke da ita. Motar gazuwal ba ta da ita, domin gazuwal ba ya tashi tururi kamar fetur, haka ma tsofaffin motoci masu kafireta irin su Peugeot 504 da aka saba gani a yankinmu.

Duk da ƙanƙantarsa, wannan bawul yana jawo wa masu mota asarar kuɗi mai yawa, ba don tsadarsa ba, sai don alamomin lalacewarsa sun yi kama da na wasu kayan da suka fi shi tsada. Sau da yawa akan sauya famfon mai, a sauya fulogi, a wanke nozul, matsalar tana nan, alhali mai laifin yana maƙale a gefen injin ba wanda ya dube shi.

Dalilin da ya sa aka saka shi

Fetur ba ya jiran wuta kafin ya tashi. Sassansa mafi sauƙi suna fara tafasa tun daga zafin digiri 30 zuwa 40, wanda a watan Afrilu a Njamena ko Marwa zafin inuwa ne kawai. Motar da ta wuni a rana, tankinta cike yake da tururi. A motocin da, wannan tururi ta murfin tanki yake fita ya bi iska. Asarar mai ce, sannan gurɓata iska ce, domin a cikinsa akwai sinadarin benzin da aka tabbatar yana jawo cutar daji, kuma idan tururin ya haɗu da hasken rana yakan taimaka wajen samar da hazon da ke cutar da huhu. Amurka ta fara tilasta kama wannan tururi a farkon shekarun 1970, Turai kuma ta bi sahu a farkon shekarun 1990.

Dabarar ita ce a rufe tanki ruf, a ja tiyo daga samansa zuwa wani gwangwani na roba cike da ƙwayoyin gawayi na musamman, wanda ake kira kanista. Gawayin yana tsotse tururin ya riƙe shi kamar yadda soso ke riƙe ruwa. Amma soso yakan cika, don haka dole a riƙa matse shi. Nan ne aikin bawul ɗin. Idan injin ya yi ɗumi kuma mota tana tafiya, kwamfuta takan aika masa da wuta ya buɗe, sai zuƙar da injin ke yi ta jawo iska daga waje ta ratsa gawayin, ta kwaso tururin ta kai shi cikin manifol, a ƙone shi tare da sauran mai. Ba buɗewa yake yi ya zauna a buɗe ba. Buɗewa da rufewa yake sau da yawa a cikin daƙiƙa guda, kwamfuta tana ƙara ko rage tsawon buɗewar gwargwadon abin da injin zai iya ɗauka. Wannan ne ke kawo ƙarar “tak-tak-tak” da ake ji idan an buɗe bonet. Ƙarar lafiya ce, kada a sauya bawul saboda ita.

Abin da ya kamata a riƙe a nan shi ne, idan ba wuta, bawul ɗin a rufe yake. Duk gwajin da za a yi masa daga wannan ƙa'ida ya taso. Kada kuma a rikita shi da ɗan'uwansa da ke can baya kusa da kanista a motoci da yawa, wato bawul ɗin shigar iska, wanda shi a buɗe yake zaune sai an ba shi wuta ya rufe.

Yadda yake lalacewa

Hanya uku ce. Ko ya maƙale a buɗe, ko ya maƙale a rufe, ko naɗin wayar da ke cikinsa ya yanke ko ya ƙone.

Maƙalewa a buɗe ita ce ta fi damun direba. Babbar alamarta ita ce mota ta ƙi tashi da zarar an gama shan mai. An shiga gidan mai lafiya, an kashe injin, an zuba mai, sai a yi ta murza makulli injin yana juyawa ba ya kamawa, ko ya kama yana kakkarwa ya mutu. Abin da ke faruwa shi ne, man da ke shiga tanki yana koro tururin da ke ciki, tururin ya tarar da bawul a buɗe ya wuce ya cika manifol, sai injin ya shaƙe da mai ba isasshiyar iska. Idan aka ɗan taka totur yayin tayarwa sai ta kama, bayan 'yan daƙiƙoƙi ta warware kamar ba abin da ya faru. Direbobi da dama kan ɗora laifin a kan man da aka sayar musu. Gurɓataccen mai gaskiya ne akwai shi, amma shi ba ya warwarewa cikin minti guda, kuma ba ya nuna kansa a daƙiƙar farko, tun da akwai tsohon mai a cikin bututu. Motar da ke yin haka a kowane gidan mai, bawul ɗinta za a fara tuhuma. Alamar ta fi fitowa fili a motocin da aka ƙera don kasuwar Amurka, domin daga shekarar 1998 zuwa 2000 aka wajabta wa ƙananan motoci a can su riƙa tura tururin lokacin shan mai cikin kanista maimakon ya fita ta bakin tanki.

Bawul ɗin da ya zauna a buɗe yana kuma lalata silo, wato gudun injin a tsaye, abin da masu Faransanci ke kira ralenti. Ya zama kamar tiyo ne ya fashe yana shigar da iskar da kwamfuta ba ta auna ba. Idan gawayin a bushe yake, iska ce zalla ke shiga, mai ya yi ƙaranci. Idan a jiƙe yake, tururi ne ke shiga, mai ya yi yawa. Shi ya sa matsalar takan zo yau ta tafi gobe, abin da ke rikita makanikai da yawa. Idan kuma aka yi rashin sa'a hanyar shigar iska ta toshe da ƙura a lokaci guda, injin zai yi ta zuƙar tanki har tankin ya lotse, famfon mai ya wahala.

Maƙalewa a rufe ba ta cika taɓa tafiyar mota ba. Gawayin ne zai cika ya daina karɓa, sai a riƙa jin warin fetur wajen tayar baya, musamman da yamma bayan mota ta sha rana. Yankewar waya ita ma a rufe take barin bawul ɗin, sai dai ita kwamfuta takan gane ta nan take ta kunna fitilar injin mai launin ruwan ɗorawa. A wasu motocin Peugeot da Citroën saƙon “Système antipollution défaillant” ne ke bayyana, saƙon da ke rufe matsaloli barkatai, ba wannan kaɗai ba.

Tsufa da zafin injin suna cinye robar da ke cikin bawul ɗin, amma abin da ya fi kashe shi a yankinmu ɗabi'a ce: cika tanki har baki. Idan bindigar gidan mai ta tsaya da kanta, tanki ya cika ke nan, sararin da ya rage a sama an bar shi ne domin mai ya samu wurin kumbura. Wanda ya sa aka ci gaba da ɗurawa, har ana girgiza mota don a ƙara lita guda, yana tura ruwan fetur cikin kanista, alhali tururi kawai aka yi ta don shi. Gawayin da ya jiƙe yakan farfashe, ɓurɓushinsa ya bi tiyo ya je ya tokare bakin bawul. Mai sayen man kwalba a bakin hanya, ko kpayo ne a Benin ko zuwa-zuwa a arewacin Kamaru, ya fi fuskantar wannan, tun da mazurari ba ya tsayawa da kansa, sai an ga mai ya taso. An san dalilin da ke sa matafiyi ya cika tanki maƙil kafin ya tsallaka iyaka zuwa inda mai ya fi tsada, amma litar nan guda tana iya cin kuɗin kanista.

Lambobin da na'urar duba mota ke nunawa

Motocin Amurka daga ƙirar 1996, da motocin fetur na Turai daga 2001, suna da soket mai ƙafa 16 a ƙarƙashin sitiyari inda ake jona na'urar duba mota, wadda garejin ƙasashe masu Faransanci ke kira valise. Lambobin da suka shafi wannan fanni galibi da P044 ko P045 suke farawa. P0441 tana nufin tururin ba ya gudana yadda ya kamata. P0443, P0444 da P0445 matsalar wutar bawul ɗin ce, ta biyu yankewa, ta uku haɗewar waya. P0496 tana nufin tururi yana wucewa a lokacin da bai kamata ba, wato kusan kai tsaye bawul ya maƙale a buɗe. P0442, P0455 da P0456 kuwa yoyo suke nunawa, ƙarami, babba da ɗan mitsitsi, kuma sau da yawa murfin tanki ne bai rufu ba ko robarsa ta tsage. P0446 ta bawul ɗin shigar iska ce. Wani lokaci P0171 ko P0172, ƙarancin mai ko yawansa, sukan biyo baya.

Akwai bambancin da ya kamata mai mota ya sani. Motar da aka ƙera don Amurka tana gwada kanta ta gano ko da ramin da bai wuce rabin milimita ba. Dokar Turai ba ta buƙaci haka ba, abin da ta nema shi ne a sa ido a kan wutar bawul ɗin. Saboda haka motar da ta fito daga Beljiyam ko Jamus ta sauka a Kwatano, Lome ko Duwala tana iya yawo da bawul a maƙale ba tare da fitila ta kama ba, yayin da irinta da ta fito daga Amurka ta sauka a Tema za ta kunna fitila don murfin tanki kawai bai ɗauru ba. Rashin fitila ba shaidar lafiya ba ce. Lamba kuma ba hukunci ba ce, tana nuna unguwar da matsala take ne, ba ta nuna gidan ba.

Gwaji kafin saye

A fara da abin da ba ya cin kuɗi. A duba robar murfin tanki, a ɗaure shi har ya yi ƙara. A bi tiyoyin da ido, domin zafi yakan busar da su su tsage a bakin, ɓeraye kuma sukan ci. Sai a nemo bawul ɗin. A mafi yawan motoci yana cikin bonet, kusa da manifol ko maƙale a bangon da ya raba injin da ɗakin direba. Hanya mafi sauƙi ita ce a bi siririn tiyon da ya taso daga ƙarƙashin mota ya nufi manifol.

Gwajin da ya fi sauri a garejin da ba kayan aiki shi ne na yatsa. A cire soket ɗin wutar bawul ɗin, a zare tiyon da ya fito daga ɓangaren kanista, a bar wanda ya tafi injin, a tayar da mota a silo, a ɗora yatsa a bakin da aka buɗe. Tun da ba wuta, bai kamata a ji zuƙa ko kaɗan ba. Idan yatsa ya manne, bawul ɗin yana yoyo, magana ta ƙare. Cire soket zai iya kunna fitila, sai a goge lambar daga baya.

Idan an ciro shi gaba ɗaya, a hura iska ta bakinsa. Kada ta wuce. A hura, kada a tsotsa, tururin fetur ba abin shaƙa ba ne. Sai dai hurawar baki ba ta kama ƙaramin yoyo, shi ya sa famfon hannu mai zuƙar iska da agogo ya fi: a zuƙe ta ɓangaren injin, allura ta tsaya cak. Idan tana sauka a hankali, robar ciki ta mutu. Daga nan a taɓa ƙafafunsa biyu da wuta daga batir mai bolt 12, taɓawa kaɗan ba riƙewa ba. Za a ji ya ce “tak”, allura ta faɗi nan take, a ɗauke wuta ya sake rufewa. A maimaita sau goma ko fiye, domin wani bawul ɗin sai ya yi lafiya sau takwas ya maƙale a na tara. Jin “tak” kaɗai ba ya wanke shi, yana iya yin ƙara alhali ɓurɓushin gawayi ya hana shi rufewa sosai.

Mai gyaran wutar mota zai auna naɗin wayar da mita. Galibi akan samu wani abu tsakanin om 15 zuwa 35, ainihin adadin yana cikin littafin motar. Idan mita ba ta motsa ba, waya ta yanke. Idan ta nuna kusan sifili, ta haɗe. Idan bawul ɗin ya ci duk waɗannan gwaje-gwaje amma lambar wuta tana dawowa, a koma kan soket. Ƙafa ɗaya ya kamata ta samu bolt 12, a wasu motocin da murza makulli, a wasu sai injin ya tashi. Ɗayar kuma kwamfuta ce ke haɗa ta da ƙasa a lokacin da take so. Fis da ya ƙone ko waya da ta goge a jikin ƙarfe sun sa an zubar da bawul masu lafiya ba adadi. Mai na'ura mai kyau zai iya umartar bawul ɗin daga na'urar ya buɗe, ya kuma kalli yadda kwamfuta ke gyara yawan mai: idan aka matse tiyon da filaya alƙaluman suka koma daidai, silo ya lafa, an kama mai laifi.

Sauyawa

Aikin ba ya wuce rabin awa a mafi yawan motoci. Injin ya huce, a yi aikin a fili inda iska ke kaɗawa, nesa da taba, murhu da mai walda. A kashe makulli a zare shi. Wanda zai cire kan batir ya tuna wasu rediyoyi sukan nemi lambar sirri bayan haka. A ɗauki hoton wurin da waya kafin a taɓa komai.

A danna harshen soket a zare, kada a ja ta waya. Tiyoyin ko dai da maɗauri suke, wanda filaya ke buɗewa, ko kuma irin masu shiga su kulle ne, waɗanda ake matse gefensu biyu sannan a ja. A nan ne ake yin ɓarna. Robar da ta shekara goma a zafin injin takan yi ƙarfi kamar busasshen kara, wanda ya sa sukudireba ya ɓanɓare da ƙarfi zai karya bakin, kuma bututun yakan fi bawul ɗin wuyar samu. A murɗa a hankali har ya saki.

Kafin a saka sabo, a kifa tsohon a kan farar takarda a bubbuga, a leƙa cikin tiyon da ya fito daga kanista. Idan baƙaƙen ƙwayoyi suka zubo, kanista ta fashe, kuma sabon bawul ba zai daɗe ba shi ma zai toshe. Dole a sauya kanistar, a cire bututun ta kai biyu a hure shi da iska. Kada a hura iskar kwamfuresa yayin da bututun ke haɗe da kanista ko tanki, za a iya lalata na'urar auna matsin tanki. Wannan mataki shi ne aka fi tsallakewa, shi ne kuma dalilin da ke sa mai mota ya sayi bawul sau biyu ya ce kayan yanzu ba su da kyau.

A jikin bawul da yawa akwai 'yar kibiya, bakinta injin yake kallo. Idan aka juya shi ba zai yi aiki daidai ba. A mayar da tiyoyi har a ji sun kulle, a mayar da soket, a maƙala shi a mazauninsa na roba domin kada ƙararsa ta riƙa shiga ɗakin direba. Motoci masu turbo suna da ƙarin 'yan bawul masu hanya ɗaya a kan bututun, su ma a hura a tabbatar suna wucewa ta gefe guda kawai.

Wajen saye, lambar da ke jikin tsohon ita ce abin dogaro, ba sunan mota ba, domin Corolla ta Amurka da ta Turai na shekara guda suna iya bambanta a soket da girman baki. Na hannu daga kasuwar kayan mota ba laifi ba ne, tun da ana iya gwada shi a gaban mai shago da hurawa da batir. Wanda ya ƙi a gwada, a bar masa kayansa. Wanke tsohon da maganin wanke kafireta yakan fitar da ɓurɓushi ya yi aiki na ɗan lokaci, amma maganin yana iya cin robar ciki, don haka dabarar isa gida ce kawai.

Wasu makanikai sukan toshe tiyon da ƙusa ko kusoshi su ce ai kayan Turawa ne, ba ruwanmu da shi. Toshe ɓangaren injin zai gyara silo, kuma a tsakiyar hanya tsakanin Agadas da Tawa ba wanda zai zargi mai yin haka. Amma barin sa haka yana nufin kanista za ta cika, tururin ya riƙa fita a ƙarƙashin motar da ake ajiyewa a cikin gida inda yara ke wasa ake kuma hura wuta, man da aka saya da kuɗi yana bin iska. Mafi muni shi ne cire ƙwan fitilar injin ko rufe shi da baƙin tef, domin ranar da babbar matsala ta zo ba abin da zai yi gargaɗi.

Bayan an gama, a goge lambobin a yi tafiya. Kwamfuta ba ta sake gwada wannan fanni sai sharuɗɗa sun cika: galibi a tayar da injin yana sanyi, mai kuma yana tsakanin rubu'in tanki da rubu'i uku. A motoci da yawa gwajin yoyo ba ya gudana idan zafin waje ya haura digiri 35 ko kusa da haka, saboda haka motar da aka gyara a tsakiyar bazara tana iya yin makonni shiru, fitilar ta dawo da safiyar farko ta sanyi idan akwai sauran yoyo a wani wuri. Gwajin da mai mota zai iya yi da kansa shi ne na gidan mai: ya sha mai, ya tsaya inda bindiga ta tsaya, ya murza makulli ba tare da taka totur ba.